Lambar da Ta Ƙi Shiga

Tsakar dare, Ljubiša na shirin rufe shagonsa na wasannin kwamfuta a birnin Niš, sai ga wani mutum ya shigo, hula ta rufe masa fuska, yana warin kyandir da jiƙaƙƙiyar ƙasa. Ko gaisuwa babu, ya wuce kujerar lungu, wadda ba wanda ya zauna a kanta tun da aka binne Strahinja, ƙanen Ljubiša.

Ya buga lambar buɗe wasa. Allon ya ce ya riga ya mallaki wannan wasan. Ya sake bugawa. Maɓallan ba sa ƙara, kujerar ma ba ta lotsa ba.

"Ɗan'uwa," in ji Ljubiša, "wanda ya riga ya mallaki wasa, lamba ba ta shigar masa sau biyu. Sai dai ka ba wani."

"Ai kai na saya wa, don mu buga tare," in ji mutumin, muryarsa kamar daga cikin rijiya. "Kullum ce mini kake sai ka tashi daga aiki."

Ljubiša ya dubi sunan da ke saman allon, sai ya ga an rubuta Strahinja.

"Yaya," in ji mutumin a hankali, "yanzu ka tashi?"