Ranar Gayyar Citta

Mutanen wannan labari biyar ne: Insfekta Kumai, ɗan sanda a Kafanchan, Azariya, maigadin wani ƙaramin asibitin gwamnati a Kagoma, matarsa Zipora, ƙaninta Gershon, mai gyaran wuta, da Mista Ambrose, sakataren kwamitin ladabtar da ma'aikata.

Da rana tsaka aka sace baturan sola na firjin asibitin, allurar rigakafin yara ta lalace duka. Ba a fasa kwaɗo ba, mabuɗi kuwa yana hannun Azariya, don haka Kumai ya kama shi.

A kotu, manoma suka zo daga Nok suka rantse cewa ranar tun safe yana tare da su a gayyar tonon cittarsa. Alƙali ya wanke shi, ya sallame shi. Amma da ya koma aiki, sai aka ce kwamiti ya kore shi, ga shi saura kaɗan ya yi ritaya.

Zipora ta tare Kumai a ƙofar ofis.

"Oga, kotu ya ce ba shi da laifi. Yaya kuma ofis ya kore shi? Fansho fa?"

Kumai ne ya fara sa wa dattijon ankwa. Ya ƙudura a ransa cewa in ya kamo ɓarawon gaskiya, aikin zai dawo.

Ya koma ɗakin baturan. Ba yanke wayoyin aka yi ba, kunce su aka yi a tsanake, aka naɗe bakin kowace da shuɗin salatif. Ɓarawon gaggawa ba ya haka.

"Mama, wa aka gayyata gona bai zo ba?" ya tambayi Zipora.

"Kowa ya zo, sai Gershon. Kwanon tuwonsa ma kaji na ba."

A shagonsa na Kafanchan, Gershon ya ce, "Ranar ina Kagarko, Oga. Aiki."

"Gidan wa?"

"Wani mutum ne haka."

"Babu wuta a layin nan, ga fankarka tana juyawa, ban ji ƙarar janareto ba."

Kumai ya bi waya har ƙarƙashin tebur, ya ɗaga buhu. Ga baturan, ga shuɗin salatif. Gershon ya zauna a ƙasa.

"Ni na haɗa masu solan, ni na sayo kwaɗon, na riƙe mabuɗi ɗaya. Na san Azariya yana gona. Na ɗauka za a ce ɓarayin waje ne."

"Da aka kulle mijin yayarka fa?"

Aka sa wa Gershon ankwa, aka tura shi mota.

Daga nan Kumai ya wuce wurin Mista Ambrose, yana jin nauyi ya sauka daga kansa.

"Na kama ɓarawon. A mayar da Azariya."

Ambrose ya cire tabarau. "Insfekta, ba a kan sata muka kore shi ba. Wannan maganar, kotu ta gama da ita. Ranar aiki ce, ya bar bakin aiki babu izini, kayan gwamnati suka salwanta. Shaidunsa ne suka faɗa, da rantsuwa."

"Wato abin da ya fid da shi a kotu…"

"Shi ya kore shi a nan. Cocinmu ɗaya da shi. Ba ni da yadda zan yi."

Kumai ya sami Azariya yana shanya citta a tsakar gida. Zipora ta taso da sauri.

"Ka kama shi? Wane ne?"

Ya faɗa mata.

"Aikin fa?"

Ya girgiza kai.

"To, Oga, ka ɗauke ƙanina, ba ka dawo mini da komai ba."

Azariya bai ɗago ba, ya ci gaba da baza cittarsa.

Da girmana na koyi rubutu. Wanda ya ga kuskure, don Allah ya gyara mini.