Gwaji a Kan Ƙyauren Birni

Dab da magariba Kawu Yunusa ya aike ni atiliyensa, shagon sassaƙa da ke unguwar Kara-Kara. Ni ce mai juya masa zane daga ordinatar, wato kwamfuta, zuwa lambobin da mashin ɗin sassaƙa yake bi. Ɗana Mahamud na goye a bayana, yana barci.

"Sa'a, gwaji kawai za ki yi, kada bakin mashin ya taɓa katako," in ji Kawu.

Haka muke yi kullum. A ɗaga baki kamar taƙi guda, mashin ya bi hanyarsa a sarari, a ga ko da kuskure. Katakon wani tsohon ƙyaure ne da aka ciro daga rusasshen gida a Birni. Ni da ko ruwan zafi ba na zubarwa sai na yi bisimilla, ranar ban ce uffan ba. A ganina, wa za a yanka a sarari?

Na danna. Mashin ya tafi sumul.

Sai ƙararsa ta yi nauyi, kamar ya ci wani abu. Babu ƙura. Warin ƙonannen gashi ya cika ɗakin.

Jariri ya tsala kuka. Ba daga bayana ba, daga kan ƙyauren.

Na danna jan maɓallin tsayarwa. Mashin bai tsaya ba.

"Ɗana na kwance a nan," wata murya ta raɗa a kunnena. "Kwantar da naki."

Hannuwana suka kwance majanyi. Wallahi ba ni na sa su ba. Ina kallo suka shimfiɗa Mahamud a kan ƙyauren.

Bakin ya juyo.

"Baiwar Allah, ban gan shi ba," na ce, ina kuka. "Ke ma uwa ce."

Bakin ya shafi gashin Mahamud.

"Bisimillahi!" na ƙwalla.

Wuta ta ɗauke. Na fizgi ɗana, na bar takalmana a can.

Washegari Kawu ya mayar da ƙyauren Birni, bai tambaye ni komai ba. Yanzu kafin kowane gwaji, kamar mai shirin zubar da ruwan zafi, nakan ce, "Masu ɗiya a kwashe." Ma'aikata na yi mini dariya, ni ko a jikina.

Mahamud ya shiga lakwal bana, ajin farko. Layin da bakin mashin ya shafa a kansa har yau bai fitar da gashi ba.