Rediyon Motar Yaya Labbo

Sau da yawa ina ɗaukar biro in ajiye, don ban yi nisa a karatu ba.

Daren da jikin Inno ya tsananta, Yaya Labbo ya ɗauko mu daga Tsafe zuwa asibiti a Gusau. Kanta yana bisa cinyata. A tsakiyar daji motar ta mutu, Yaya ya fita ya buɗe gabanta.

Sai wani dattijo ya leƙo ta taga, babu sallama. Ya danne maɓallai biyu na rediyon a tare, ya riƙe. Gilashin rediyon ya kawo koren haske, lambobi suna ta wucewa, irin waɗanda bakanike yake buɗewa idan yana neman ciwon mota.

Na ce, "Baba, mi ya lalace?"

"Lafiyar mota lau, ɗiyata. Ku bar sauri." Bakinsa a rufe yake. Ta rediyon muryar ta fito.

Yaya ya zagayo da wayar batir a hannu, tun ɗazu ya cire ta. Rediyon yana ci. Hannun Inno ya yi sanyi a cikin nawa.

Da safe a gida na ɗora ruwan wankanta na ƙarshe, na zauna ina kallon wutar.