Kujerar da Aka Yi wa Shari'a

"An kore shi fa," in ji Mataimakin Darakta, yana juyi a kan kujera kamar wanda ya ci zaɓe. "Yanzu sai ki buɗe ido ki ga masu sonki na gaskiya, tauraruwata."

Auta ta dube shi sama da ƙasa. Tumbi har kan tebur, turare kamar an fasa kwalba, wai shi ne zai ce mata tauraruwa! Ita ce lauyar ma'aikatar ruwa, wanda aka kora kuwa Dogo ne, injiniyan da za ta aura.

"Da wane laifi?"

"Ya buɗe wa wata unguwa ruwa ba izini. Kwamiti ya zauna, ni na shugabance shi."

"Wa ya kai ƙara?"

"Ni."

"Shi me ya ce?"

"Bai ma zo ba... tsabar raini!"

Ta ja dogon tsaki, ta fice ko sallama babu.

Kafin ta isa gida munafukin ya riga ta ta waya. Abba na tsaye a falo, rai a ɓace.

"Ba na ba korarre 'yata! Gwamnati ba ta korar mutum haka kawai."

"Abba, ka ji ta bakinsa?"

"Me zan ji? Kada ya sake taka min ƙofa!"

Ta sami Dogo zaune a bakin shagon wansa, hular aikinsa a cinya. Zuciyarta ta karye, amma ta daure.

"Ka buɗe ruwan?"

"Na buɗe. Asibitin haihuwa ne a unguwar, mata na naƙuda ba ko ɗigo. Na san na taka doka, abar ƙaunata, ba zan miki ƙarya ba."

"To me ya hana ka zuwa ka faɗa musu?"

Ya yi dariyar takaici.

"Ranar zaman, shi da kansa ya tura ni gyaran inji bayan gari. Ban san da wani kwamiti ba. Ina dawowa, jikina duk laka, mai gadi ya tare ni a ƙofa."

"Shi ne ko ka kira ni?"

"Ke ce lauyarsu... ban so in jawo miki."

"Ɗaukaka ƙara," ta ce, hawaye na zubo mata. "Ka bar min sauran, masoyina."

Ranar sauraron ƙarar, ita aka turo ta kare ma'aikatar ruwa. Shugabar hukumar ma'aikata, wata dattijuwa marar son wasa, ta leƙo ta saman tabarau.

"An ba shi damar kare kansa?"

Caraf Mataimaki ya cafe, har da gyara kwalar riga.

"Sosai, ranki ya daɗe! Kujera muka ajiye masa a tsakiyar ɗaki. Muka karanta tuhuma, muka yi tambayoyi, shiru."

Kai jama'a, wani mutum ko kunya ba ya ji! Har ƙifta wa Auta ido ya yi, wai ta ɗora.

Ta miƙe. Ta san abin da za ta faɗa zai ci mata muƙami.

"Gaskiya ya faɗa, ranki ya daɗe. Kujera aka karanta wa tuhuma, kujera aka yi wa tambaya, da ta ƙi magana aka kori mai ita. Shi kuwa yana bayan gari cikin laka. Wanda ya tura shi can shi ne mai ƙara, shi ne kuma alƙali. Ni ban yi karatu don in kare wannan abin kunya ba."

Mataimaki ya hau zufa, yana "amma... amma..." ba mai kallonsa.

Aka soke korar. Sabon kwamiti ya zauna, Dogo ya yi bayani da bakinsa, aka ba shi gargaɗi mai zafi, domin laifi dai ya yi. Ya karɓa, ya koma bakin aiki. Ita kuwa Auta aka mayar da ita wani ɗan ofis a ƙarshen baranda, kusa da banɗaki, inda ko fanka babu. Ko a jikinta. In ta haɗu da Mataimaki a matakala, kallon da take masa ko kwandon shara ba ta yi wa.

Abba ya ji labari a bakin Umma. Da yamma ya ce a kira masa Dogo.

Auta na laɓe bayan labule, ta ga Abba ya ɗauko kujera da hannunsa ya dire ta a tsakiyar falo. Dogo ya shigo, zai durƙusa.

"A'a, hau kujerar," in ji Abba, muryarsa ƙasa-ƙasa. "Ni ma ita na yanke wa hukunci, ba kowa a kai."

Dogo ya zauna a ɗarare.

"Yawwa. Kafin mu shiga maganar aurenku, fara min daga farko, ɗana. Ina jinka."