Ƙwayar Masara Ɗari Biyu da Arba'in

Ƙwaryar nonon ce ta fara faɗuwa, sannan Surayya ta kurma ihu.

"Yaya Mamuda, za ka kashe shi!"

Mamuda bai ko juyo ba. Ya take wuyan ƙanensa Mas'ud da ƙafa ɗaya, gora na sauka a gadon bayansa. A ƙofar sabon gidan nan ne mai shuɗin fenti, bayan tashar Dutsin-Ma, gidan da Mas'ud ya saya dominta. Saura sati uku a ɗaura musu aure. Nono ta kawo kasuwa daga Birchi, ta ce bari ta ratso ta leƙa fentin, sai ta tarar da angon nata kwance cikin ƙasa, jini ta hanci, jini ta baki.

Mutane sun kewaye su, amma ba wanda ya matso. Kowa ya san zuciyar Mamuda.

Ita ta matso. Ta faɗa kan Mas'ud ta rufe shi da jikinta, gorar da aka riga aka ɗaga ta sauka a hannunta na hagu.

Ƙas!

Duk wanda ke wurin ya ji ƙarar ƙashin.

"Surayya..." Mas'ud ya kira ta da fasasshen baki. "Rabin raina, mi ya kawo ki?"

Mamuda ya ja da baya yana huci.

"Tambaye shi! Tambaye shi ina takardar gonar ubanmu ta Kutawa! Gonar da mutum goma sha ɗaya ke ci. Ya zare ta daga akwatin tsohuwarmu, ya kai banki jingina, don ya saya maki wannan kangon!"

"Dubu tamanin da biyar ne kawai a wata, Yaya," in ji Mas'ud. "Shekara guda ke nan ina biya, ban taɓa fashi ba..."

"Rufe mani baki!"

Surayya ta riƙe hannunta, zufa na keto mata. Duk da haka ta tambaya.

"Yaya Mamuda, wa ya gaya maka?"

"Tukur dillali, ɗan ƙanen babanki. Har gona ya same ni."

Mas'ud ya ɗago kai da ƙyar.

"Tukur? Ai Tukur ne ya kai ni bankin..."

Daga nan ba ta sake jin komai ba.

* * *

A Birchi mai ɗori ya ja hannun, ya ɗaure shi da kara. Ba ta yi kuka ba sai da mahaifinta Baffa Hudu ya shigo.

"An fasa," ya ce. "Ba ni ba da ɗiyata ga wanda ya saci gadon 'yan'uwansa ya ci bashin ruwa."

"Baffa, kai ka ce sai mai gidan kansa."

"Mi kika ce?"

"Kai ka gindaya masa. Malamin makaranta ne, ina zai samu miliyan biyar a..."

Marin ya hana ta ƙarasawa. Tun da aka haife ta bai taɓa ɗaga mata hannu ba sai ranar. Ya fita, ya bar ta da shatar yatsu huɗu a kunci.

Gaskiya ta faɗa. Shekara biyu da suka wuce Tukur ya nemi aurenta, ta ce ba ta sonsa. Baffa bai tilasta mata ba, amma ya ji kunyar ƙanensa. Da Mas'ud ya fito sai ya kafa masa sharaɗi mai tsauri: gida na siminti, nasa na kansa, a cikin gari. Tukur kuwa ya nuna komai ya wuce. Shi ya samo gidan, shi ya san hanyar bankin, shi ya nuna wa Mas'ud inda zai sa hannu.

Inna Batula, mahaifiyar Surayya, uwar adashi ce. Ba ta yi boko ba. Da ƙwayar masara take riƙe lissafinta: kowane zubi ƙwaya ɗaya cikin kwalba, kuma shekara talatin ba a taɓa kama ta da kuskure ba. A gabanta Surayya ta tashi.

Kwana biyar da karayar ta kira Mas'ud a waya.

"Masoyina, bashin nan na wata nawa ne?"

"Shekara ashirin ne. Amma kada ki damu, sahibata, a wata ai..."

"Ban tambaye ka wata ba. Je ka bankin, su rubuta maka abin da ya rage a kanka yau. Ka zo mani da takardar jibi da hantsi, gindin tsamiyar bayan gidanmu."

Ta ajiye wayar, ta jawo buhun masarar Inna. Da hannu ɗaya ta ƙirga, sau uku, don kada ta zalunce shi.

* * *

Ya zo da ido ɗaya a kumbure, yana ɗingishi. Da ya ga karan da ke hannunta sai ya durƙusa.

"Ki yafe mani, hasken idona. Ni ya kamata a karya."

"Zauna."

Ta ajiye faifai a tsakaninsu, ta juye kwalba a kai.

"Kowace ƙwaya wata ɗaya ce, dubu tamanin da biyar. Shekara ashirin, ƙwaya ɗari biyu da arba'in. Haka ne?"

"Haka ne."

Ta ware 'yar tsibi gefe.

"Hamsin da tara. Waɗannan sun biya miliyan biyar ɗin da ka ranta. Su ne gidan." Ta nuna babban tsibin da ya rage. "To waɗannan ɗari da tamanin da ɗaya, na wane ne?"

Mas'ud ya ƙura wa faifan ido.

"Gida ɗaya ka saya mani, Mas'ud. Gida uku za ka saya wa banki."

"Ba haka Tukur ya..."

"Karanta mani takardar da suka ba ka."

Ya zaro ta daga aljihu.

"Abin da ya rage... miliyan huɗu da dubu ɗari tara da saba'in da tara."

"Nawa ka biya a shekara guda?"

"Miliyan ɗaya da dubu ashirin."

"Nawa ya ragu a bashin?"

Ya sake duban takardar.

"Dubu ashirin da ɗaya."

"Kuɗin tunkiya ma bai kai ba," ta ce. "Sauran duk ruwa ya ci. Kai malami ne, kai ke koya wa 'ya'yan mutane lissafi. Ya aka yi?"

"Shafi goma sha huɗu ne, Surayya. Tukur na tsaye a kaina yana cewa wani zai riga ni. Na dubi abin da zan biya a wata, na ga albashina zai ɗauka, na tuna fuskarki... na sa hannu."

"Ɗan da zan haifa maka baɗi zai yi gemu kana biya. In albashi ya makale wata uku, gonar Kutawa ta tafi, tsohuwarku ta koma bara. A cikin gidan nan kake so in kwanta in yi barci?"

"Don ke na yi!"

"To don ni ka sayar."

"In sayar?" Ya miƙe zumbur. "Gidanki? Da hannuna na yi fentin! In sayar Baffa ya ce ba ni da gida, in rasa ki, in rasa gidan?"

Ya sa ƙafa ya shuri faifan. Masara ta watse cikin ƙasa.

Surayya ta jawo faifan. Ta durƙusa, ta fara tsince ta ɗaya bayan ɗaya da hannunta mai lafiya.

Ana haka suka ji ƙugin babur. Tukur ne, cikin sabuwar shadda. Tun ranar da aka karya ta kullum sai ya zo dubiya da ledar lemo.

"A'a! Mai gidan banki ne a garinmu?" Ya kafe babur yana dariya. "Ba a gaya maka an fasa ba?"

"Kai ka kai ni, kai ka kai ƙarata wajen Yaya," in ji Mas'ud. "Mi na yi maka?"

"Ka ɗauki abin da ba naka ba." Tukur ya dubi Surayya. "Ni dillali ne, Malam. Na ci la'ada wajen mai gidan, na ci wajen wanda ya ba ka bashin. Ranar da ka gaza, gonar ta fito gwanjo, ni zan saye ta. Wannan kuma dama tamu ce ta gida. Tashi mu shiga ciki, ƙanwata."

Ya kama ta, kuma a karyayyen hannun ya kama.

Ihun da ta yi ya tayar da tsuntsayen tsamiya.

Mas'ud ya afka masa. Suka zube ƙasa suna birgima, naushi ta ko'ina. Amma jikin Mas'ud bai warke ba. Tukur ya haye kansa, ya zaro wuƙa daga ƙugu, ya tsarga masa ita daga kunne zuwa haɓa. Ya sake ɗagawa.

Surayya ta rarumi kwalbar Inna, ta rotsa masa a ƙeya.

Wuƙar ta faɗi. Tukur ya juyo, jini na bin wuyan shaddarsa, ya yo kanta.

Bai isa ba. Sandar kiwo ta same shi a gwiwa, ta sake samunsa a haƙarƙari. Baffa Hudu ne. Yana bayan zana yana ɗaure maraƙi tun zuwan babur, kuma babu kalmar da ta wuce kunnensa.

"Baffa, ni ne fa! Ɗanka ne!"

"Ba ni da ɗa macuci."

Sai da Inna Batula ta fito ta riƙe sandar, sannan Tukur ya ja jiki ya bar babur ɗinsa a wurin.

Baffa ya tsaya yana haki. Ya dubi masarar da ke warwatse, ya dubi ɗiyarsa.

"Mi ke nan?"

Ta tattara ta, ta sake ware ta, ta nuna masa. Hamsin da tara na gida nan, ɗari da tamanin da ɗaya na banki can. Tsoho bai san shafi goma sha huɗu ba, amma ya san tsibi biyu in ya gani.

Sannan ya cire rawaninsa, ya danna a kuncin Mas'ud don tsayar da jinin.

"Ni na tura ka ramin nan," ya ce. "Sayar da gidan."

Mas'ud ya dubi Surayya ta saman rawanin.

"Ko ɗakin kara ne, masoyina," ta ce. "In dai namu ne."

* * *

Mai sayarwa da gaggawa ba ya samun daraja. Miliyan huɗu da rabi aka taya gidan, kuma a haka aka sallama. Bankin ya ce sai an haɗa da tarar biya kafin lokaci, kuɗi ya tashi miliyan biyar da dubu ɗari biyu. Saura dubu ɗari bakwai, kuma ba wanda yake da su.

Surayya tana da shanu huɗu, duk jikokin karsanar da Baffa ya ba ta ranar sunanta. Su ne za ta tafi da su gidan miji.

"A kai biyu kara a sayar," ta ce.

"Ban yarda ba!" in ji Mas'ud. "Na ci hannunki, kuma in ci shanunki?"

"Shanu na haihuwa. Bashinka ma na haihuwa, kuma ya fi su sauri."

Baffa da kansa ya kora su kasuwa.

Ranar da takardar gonar ta fito, Mamuda ya zo Birchi da ita a hannu. Ƙato guda ya durƙusa a ƙofar ɗakin Inna, ya kasa ɗaga ido ya dubi hannun da ya karya.

"Ƙanwata, ga ni. Ki rama."

"Ka san gini, Yaya Mamuda?"

"Na sani."

"To ɗaki nake so a bakin gonar."

Shi ya kwaɓa ƙasar, shi ya ɗora tubalin, bai bari kowa ya taya shi ba. An ɗaura aure bayan wata biyu, sadaki daidai ƙarfin ango. Tukur bai zo ba, kuma ba a neme shi ba.

Miliyan ɗaya da dubu ashirin ba su dawo ba. Shanu biyu ba su dawo ba. Hannun Surayya ya warke a karkace, ba ta ƙara ɗora ƙwarya a ka da hannu biyu ba. Tabon Mas'ud yana nan daga kunne zuwa haɓa. Gidan mai shuɗin fenti wani ya shiga, ya mayar da shi ruwan ƙasa.

Da ruwan farko ya sauka a Kutawa, ta same shi da safe a bakin gona yana gyara sungumi. Ta kwance bakin zanenta, ta juye masa wani abu a tafin hannu.

"Mi ye wannan, amaryata?"

"Watanninka. Na tsince su duka, ɗari biyu da arba'in, ko ɗaya bai ɓata ba."

Ya dubi masarar, idonsa ya cika.

"In yi mi da su?"

"Sara rami," ta ce. "Ni zan zuba."

Ya shiga gaba da sungumi, ta bi shi a baya tana jefa ƙwaya da hannun dama, tana rufewa da diddige.