Ƙararrawa ta Bakwai

Itacen bandar kifi na fita saya da yamma, a bakin hanyar da ta fito daga kogi. Shekarar da aka kwashi samarin Kontagora zuwa yaƙin Bama ce, wata biyar da rasuwar maigidana Ladan. Ina tsugune ina taya dami, mai itace yana rantsuwa ina ƙi, sai na ji wata ƙara a bayana. Cas, cas, cas.

Na san ƙarar nan. Tawa ce.

Da mundayen tagulla biyu aka kawo ni gidan aure, aikin Bida, kowace da 'yan ƙararrawa bakwai. Marigayi ya roƙi ta ƙafar hagu. Ya ciccire ƙararrawar ya zuba a ɗan gora mai girman ƙwan agwagwa, ya yi masa toshi na itace, ya ɗaure shi kamu ɗaya sama da ƙugiya. In ya jefa fatsa ya fizgi igiya, goran ya yi kuka a kan ruwa, sai giwan ruwa ya taso ganin mai yi masa surutu a gida, ya haɗiye ƙugiya. Damina ɗaya masunta suka yi suna yi masa dariya. Ta biyu suka daina.

Na juya. Mahmudu ne, abokin jirginsa, da kifi a kafaɗa wutsiya na jan ƙasa, da jakar fata a hammata. Kowane taku jakar sai ta ce cas.

Wannan Mahmudun shi ya tsaya ƙofar gidana yana share hawaye, ya ce jirgi ya kife, ruwa ya tafi da marigayi da fatsarsa da komai. Bayan kwana uku aka tsamo gawa. Masu wanka suka ce yatsunsa takwas a karye suke, layi ɗaya, kamar wanda ya riƙe gefen jirgi aka sauke masa filafilin tuƙi. Na kai ƙara, aka ce ba shaida.

"Sannu da hanya, Mahmudu."

"Yauwa, matar yaya. Ya haƙuri?"

"Da godiya. Kifi ya yi kyau."

Ya matse jakar a jikinsa ya wuce. Ni ma na tashi, ban sayi itacen ba.

Ni Fure ban iya kokawa ba, ban da ɗan'uwa a fada. Abin da na iya shi ne ciniki, mai ciniki kuwa ya iya jira. Na jira. Da ruwa ya fara ja, wani ƙaton kifi ya tsinke wa Mahmudu igiya ya tafi da goran. Ya gwada tsakuwa, ya gwada yankan gwangwani, ko tarwaɗa ba ta kula shi ba. Ranar wata Laraba sai ga shi a rumfata, yana murza hula.

"Matar yaya, munduwar nan ta dama tana nan?"

"Tana nan. Me za ka yi da kayan mata?"

"Dabarar yaya nake so in gwada. Don kada ta mutu tare da shi."

"Allah sarki. Kana da zumunci."

Ya taya da turmin atamfa, na yi dariya. Ya ƙara buhun gishiri, na ce ya matsa yana tare mini masu saye. Har ya kai bakin titi ya dawo. Na ce to, atamfa, da gishiri, kuma ya kai ni in ga inda mijina ya nutse. Ya kalli ƙasa, sannan ya ce ya yarda.

Akwai abin da Mahmudu bai sani ba, don ni kaɗai marigayi ya gaya wa. Kifin gurbin nan garke ne, yana da makiyayi. Makiyayin makaho ne, da kunne yake kiwo, kuma barci yake yi sai rana ta yi ja. Shi ya sa marigayi yake naɗe igiya da la'asar, ya cire toshin goran ya cusa auduga ciki, sannan ya kamo hanyar gida. Mahmudu ya ɗauka rowa ce, wai yana ɓoye masa lokacin manyan kifi. Kan haka suka sha faɗa.

Da hannuna na zuba ƙararrawar a sabon gora na toshe. Shida na zuba. Ta bakwai na ƙulle a bakin zane. Tun da nake ban taɓa cika wa mai saye mudu ya yi tozo ba, ba zan fara a kan Mahmudu ba.

Da na miƙa masa ya rage murya. "Ba wani sirri da yaya ya bari?"

"Akwai. In rana ta yi ja, kaɗa kada ka tsaya."

Ya yi murmushi. "Na faɗa. Wallahi na faɗa."

Gurbin yana ƙasa da gari, ta wajen Auna. Mun tashi a ƙafa da azahar, bayan la'asar muka isa inda yake ɗaure jirginsa. Ruwan baƙi ne, ba ya gudu, itatuwan ɗinya sun rufe shi ta gefe biyu. Ya nuna mini wani wuri da haɓa, bai kalle shi ba. Ya ce in shiga jirgi, na ce ciwon gwiwa. Na zauna a kan wani falalen dutse a bakin gaɓa, ya tura jirginsa tsakiya.

Rana ta sauko kan itatuwa. Ya jefa fatsa. Cas, cas, cas.

Kifi na farko ya kai tsawon hannu. Na biyu ya fi shi. Mahmudu ya ɗaga mini shi yana dariya, ni ma na ɗaga masa hannu.

Rana ta yi ja. Bai tsaya ba.

Kwaɗi ne suka fara yin shiru. Sai tsuntsaye. Sauron da ke cizon ƙafata ma ya ɓace. Ba abin da ya rage sai goran, cas, cas, da ɗigar ruwa daga filafili.

Sai wari. Ba ƙarnin kifi ba, wannan sana'ata ce, na san shi. Warin tsohuwar rijiya ne da aka buɗe bayan shekaru.

Ruwan ya fara ja da baya daga dutsen da nake zaune. Kamu ɗaya. Kamu biyu. Laka ta bayyana, 'yan kifi suna tsalle a kanta. A tsakiya kuwa ruwa yana tudu, a hankali, kamar ana hura salka.

Daga tudun wani kai ya fito. Dogo ne, gansakuka ta rufe shi har wuya. Inda ido ya kamata ya zauna fata ce sumul. Kunnuwan kamar faifai, suna juyawa ɗaya bayan ɗaya. A hannunsa sanda irin ta makiyaya, ruwa na zuba daga ita.

Ya yi wa garkensa kira da harshe, ƙas, ƙas. Kifayen da ke cikin jirgi, waɗanda Mahmudu ya fasa wa kai, suka motsa. Suka yi tsalle suka faɗa ruwa.

Mahmudu ya saki igiya. Goran ya yi cas sau ɗaya a gefen jirgi. Sandar ta sauka a wurin, jirgin ya rabe biyu kamar ɓawon gyaɗa.

Na ce shi ke nan. Na miƙe.

Ashe Mahmudu ya iya nutso. Sai ga kansa ya ɓullo kusa da gaɓa. Ya rarrafo cikin laka ya tsaya, taku biyar tsakaninmu, ya ɗora yatsa a baki. Ya gane. Abin ba ya gani.

Na ja ƙafa baya.

Cas.

Daga bakin zanena.

Kunnuwan biyu suka juyo gare ni.

Ban ji takunsa ba. Ruwa kawai na ji ya taɓa yatsun ƙafata, mai sanyi kamar na randa. Sannan idon sawu. Warin ya cika mini baki. Inuwarsa ta rufe dutsen, ɗigon gansakuka yana sauka a kan ɗankwalina.

Na damƙe ƙullin a tafin hannu. Numfashi ma na riƙe.

Kunne ɗaya ya sauko dab da ƙirjina. Yana sauraron zuciyata.

Ta ƙarƙashin hannunsa na hango Mahmudu. Yana ja da baya a hankali, yana kallona. Haka ya kalli mijina, na sani. Taku uku ya rage ya kai ciyawa.

Da farce na kwance ƙullin. Na danne ƙararrawar da babban yatsa.

Na ce da raɗa, "Mahmudu. Ga cikon kayanka."

Na jefa.

Da ya bar ta ta faɗi a laka, da ba ta yi ƙara ba. Amma hannun da ya saba karɓa ba ya shawara. Ya cafe.

Cas.

Ruwan ya bar ƙafata gaba ɗaya.

Ban tsaya kallo ba. Na ji ya kira ni, matar yaya, sau ɗaya, rabin na biyu ruwa ya shiga. Na ji abu na karyewa, ƙanana, ɗaya bayan ɗaya. Na yar da takalma na bi ciyawa da tafin ƙafa, ban yi salati da ƙarfi ba sai da na hango wutar wani ƙauyen Kambari.

Da aka tambaye ni na ce jirgi ya kife, ruwa ya tafi da shi da fatsarsa da komai. Aka ce Allah ya jiƙansa. Na ce amin. Atamfar na ɗinka, gishirin na yi banda da shi.

Bayan sati biyu aka kawo mini giwan ruwa daga wani kogi dabam, can wajen Yawuri. Na sa wuƙa na farka cikinsa, sai wani abu ya gangaro kan faranti. Na kama shi tun bai yi kuka ba. Ƙararrawar nan ce, ta bakwai.

Na cusa mata auduga, na sa a tukunya, na binne a ƙarƙashin gadona. Na cire wa akuyata ƙararrawa. Mabuɗina ɗaya ne, ba ya da abokin karo. Mai gyangyaɗa kuɗi a hannu ba ya tsayawa a rumfata.

Duk Juma'a, kafin rana ta yi ja, nakan tono tukunyar in sake audugar. Ɗakina ba ya yoyo. Amma ban taɓa samunta a bushe ba.