Rigar Surajo Mai Lamba Uku

Ana kiran sallar la'asar rahoto ya iso ofishin 'yan sanda na Yelwa cewa an tarar da gawar Surajo ɗan wasan zari-ruga a falonsa. Sufeto Wakili ya ajiye butar alwala, ya kira Saje Deborah, suka shiga mota.

Babu wanda bai san Surajo ba a Yauri. Ɗan masunta ne da jan komar kifi ya gina wa kafaɗu, har wani mai horarwa ya gan shi ya tafi da shi Kano. Daga can ya koma kulob a Legas, sannan Faransa, kuma ya buga wa Najeriya shekaru da dama a sahun gaba, cikin ƙattin da ke haɗa kai su yi turereniya. Ya dawo gida da gwiwa a lalace da mantuwa mai tsanani. Wakili kansa ya sha alkawarin zai je ya gaishe shi, bai je ba sai yau.

Ya same shi kwance rigingine, ƙeyarsa ta daki kusurwar kabad. Waya na kan kujera, talabijin na wurinsa, ƙofa ba a ɓalle ta ba. A bango kuwa akwai firam babu komai a ciki, gilashinsa a tarwatse, da ɗigon jini a jikin wani guntun gilashin.

Mufida, matar marigayin, ta ce daga kasuwa ta dawo ta gan shi haka. Koriyar rigarsa mai lamba uku ce a firam ɗin, wadda ya sa ranar da ya fara buga wa ƙasa.

"Wa ke shigo mishi ba sallama?" in ji Wakili.

"Tamada mai kabu-kabu da ke kai shi fili, sai yayansa Magaji."

An samo Tamada a tasha. Da farko ya rantse rabonsa da gidan tun jiya. Saje Deborah ta ce mai shagon ƙofar gida ya ga babur ɗinsa bayan azahar. Sai Tamada ya ce tsoro ne ya sa shi ƙarya. Ya zo ɗaukar Surajo zuwa bakin tafki inda yake koya wa samari wasan, ya jiyo cacar baki a ciki, sai ya juya.

"Muryar wa ka ji?"

"Yallaɓai, ban tantance ba. Amma na ji ana ambaton Hamza, ɗan Magaji."

Wakili ya duba hannuwan Tamada, babu ko ƙwarzane. Ya sallame shi.

Washegari da hantsi suka isa gidan Magaji a bakin ruwa. Dattijo ne mai faɗin ƙirji, yana zaune cikin masu ta'aziyya, hannunsa na dama naɗe da tsumma. Wakili ya yi gaisuwa, ya ja shi gefe. Magaji ya ce shi jiya a garin Warra ya wuni, bai dawo ba sai da aka yi mishi waya. Hannun kuwa, wai ƙayar kifi ce.

Wakili bai musa ba. Ya zaga bayan gida inda ake bandar kifi, ya ji wani ƙauri da ba na itace ba. Ya sa kara ya tona tokar murhun. Wani dunƙulen yadi ya fito, ya narke ya ƙanƙance, gefensa ɗaya kore ne, da ragowar lamba a jiki.

Ya sa aka kira Magaji, ya nuna mishi, ya ce a kwance tsumman. Yankan gilashi ne, a miƙe.

Magaji ya zauna a ƙasa ya fara magana a hankali. Ya ce Surajo ya shirya tura Hamza wani kulob a Legas, Hamza kuma ya ƙi jin maganar kowa. Ya je ne ya roƙi ƙanen nasa ya bar mishi ɗansa. Ya tuna mishi ranar da Innarsu ta rasu Surajo yana ƙasar waje yana buga wasa, da yadda yanzu yakan manta sunan matarsa. Surajo ya nuna rigar, ya ce ko don ita bai yi nadama ba. A nan Magaji ya fasa gilashin ya fizgo ta. Surajo ya riƙe gefe ɗaya, shi kuma ya ture shi.

"Ranka shi daɗe, mutumin da ƙatti ba su kayarwa. Hannu ɗaya na sa mishi. Gwiwar ce ta sake shi."

"Da ya faɗi, me ya hana ka neman taimako?"

Magaji ya sunkuyar da kai. Ya ce ya zaci tashi zai yi, kamar yadda ya saba tashi a fili, shi ya sa ya fita da rigar cikin fushi bai waiwaya ba.

Saje Deborah ta fiddo ankwa. Wakili ya karɓa ya sa mishi da kansa, ya sassauta ta a kan hannun mai ciwo. Suna kan hanya Magaji ya tambaya ko asibiti sun ba da gawar. Wakili ya ce sun bayar, yanzu ake shirin sallar jana'iza.

Sannan ya ce wa direba ya bi ta ƙofar masallaci. Ya yafa wa Magaji rawani a kan hannuwan don ya rufe ankwar, ya tsaya kusa da shi a sahun ƙarshe. Da liman ya yi sallama, kafin Hamza ya juyo daga sahun gaba, Wakili ya kama gwiwar hannun dattijon suka koma mota.